Lambata Tana Inda Ba a Dubawa

Saura kaɗan in fasa rubuta wannan. Na ɗauki fensir na ajiye, na sake ɗauka, domin ni ko babba zan gaisar sai in tsura wa yatsun ƙafata ido, balle in yi magana a jarida. Karatuna ma iyakarsa aji uku a makarantar mishan. Amma damtsena na hagu yana mini zogi, mai ciwo kuwa ba ya rasa baki. In na yi tuntuɓe a yi mini haƙuri.

Ranar Juma'ar da ta wuce aka sake tsaga ni, kuma ba wanda ya ja mini sai bakina.

Sunana Talatu, ina zaune a Hayin Banki wurin yayana Irmiya. Tun da agana ta shigo gari bana aka ce kowa ya je a yi masa lamba. Wannan ba ni da ja. Na ga aikin agana a ƙauyenmu, wanda ya tashi ma fuskarsa ta koma kamar rariya. To, sai na sami aikin reno a Badarawa, gidan Malama Aishatu, matar wani akawu, ita ma tana koyarwa. Ta ce mini, "Talatu, kin kwanta mini a rai, amma jaririna ɗanye ne. Ki kawo mini takardar lamba kafin wata ya ƙare. In babu, akwai wata yarinya tana jira." Gaskiyarta. Ni ma in nawa ne haka zan ce.

Dokar manya ita ce, ba a ba ka takarda sai an karce maka damtse ka dawo an ga wurin ya kama, ya kumbura ya ɗuri ruwa. In kuwa an taɓa yi maka, ka nuna tsohon tabo a sallame ka. Ga inda gizo ke saƙa. Ina da tabo. Baturiyar mishan, Allah ya saka mata, ta ce kada a ɓata wa 'yan mata hannu, sai ta yi mana namu a cinya. Can sama kuwa. Jikin da ya riga ya karɓa kuma, ko an sake yi masa, sai ya yi biris.

Zuwana na fari na tarar da malamin lamba, ransa ya daɗe Sarkin Tsaga, ya kafa tebur a gindin mangwaro, maza sun kewaye shi kamar ana rabon nama.

Ya ce, "Ke, an taɓa yi miki?"

A cikin zuciyata na ba shi amsa mai kyau, har da sunan baturiyar da shekarar. A baki kuwa abin da ya fito shi ne, "Um."

"Um ɗin na e ne ko na a'a? Ɗaga hannu." Ya duba dama, ya duba hagu. "Fes! Ga wata 'yar gudun lamba." Kafin in haɗiye yawu ya karce ni.

Da mako ya zagayo na koma, wurin ya warke sumul. Ya ce, "Kin goge da lemon tsami ko? Na san halinku." Ya sake karcewa. Ranar Juma'ar nan, zuwana na uku, da ya hango ni sai ya ajiye alƙalami.

"Ke ce kuma? Wai jikin naki na ƙarfe ne?"

Wani mai keke a layi ya ce, "Malam, ka gwada mata da gatari mana." Aka bushe da dariya. Ni kuwa na miƙa hannu kamar akuyar da ta saba da mahauci, har da cewa na gode.

Kada wani ya ce manyanmu ba su yi tunanin mata ba. Sun yi, Allah ya ƙara musu girma. Tun farkon damina mota mai lasifika ta zaga unguwa tana shelar za a kawo mace mai yin lamba. Aka gina ɗaki domin mata kaɗai, aka shafe shi da farar ƙasa, aka rataya labule. Ranar buɗewa Mai Girma Uban Alkawari ya zo da kansa, ya yi jawabi har inuwa ta juya, aka sha lemo aka tafa. Tun daga ranar ƙofar take garƙame. Na leƙa ta taga, na ga kujerun bikin a jibge, da keken wani a bayan labule. Madalla. Keke ma ashe yana da kunya, ga shi an suturta shi. Ita kuwa macen, duk wanda ka tambaya sai ya ce tana hanya. Ina jin daga Ikko ta taso da ƙafa, a goye da kayan aikinta. Allah ya kawo ta lafiya kafin mu tsufa.

Da na dawo gida ranar Juma'ar, maƙwabciyarmu Inna Safara'u mai ƙosai ta kama hannuna ta juya shi.

"'Yar nan, me ya sami damtsenki kamar inda kaza ta yi tono?"

Na matsa na raɗa mata a kunne. Ta yi dariya har ɗankwalinta ya faɗi cikin ƙullu.

"Yo ba sai ki faɗa masa ba?"

"Inna, a gaban maza? In buɗe baki in ce cinya?"

"Ranar wanka ai ba a ɓoyon cibi."

"Haka ne Inna, amma su a tsakiyar kasuwa suka ajiye mana ruwan wankan."

Ta share hawaye ta ce, "Ke dai Allah ya shirye ki. Aiki zai kuɓuce miki saboda kalma ɗaya. Ji nan, malamin nan ai mijin Mero ne, gidansu na nan bayan rijiya. Ciwon 'ya mace na 'ya mace ne. Gobe da sassafe, kafin ya fita, ki shiga cikin gida ki nuna wa Mero, ita ta gaya masa a asirce. Ba malamin da ke ƙaryata matarsa bai karya kumallo ba."

Kun ji fa, ranku ya daɗe. Abin da ɗaki da labule da jawabi suka kasa, mai ƙosai ta warware shi tana tsame na kasko. Ban ce a ba ta ofis ba, kada ita ma a garƙame ta.

Washegari na yi sammako. Na ratsa zaure kaina a ƙasa, Malam yana zaune da masu gaisuwa, jakar aikinsa a gefe. Mero ta karɓe ni hannu biyu, ta ja ni ƙuryar ɗaki, na yi mata bayani da muryar sauro. Ta duba ta ce, "Kai, wannan ai ko makaho ya shafa ya shaida. Kwantar da hankalinki, ƙanwata." Na ji sanyi a raina. Sai ta tsaya a bakin ƙofa ta cika ƙirji.

"Malam! Yarinyar nan tana da lamba! A cinya take, ta dama, faɗin kwabo!"

A zaure wani ya yi tari. Can na ji Malam ya ce, "Wace yarinya?"

"Talatu mana, ƙanwar Irmiya! Wadda kake ta yanka!"

Gidan kuwa ba shi da wata ƙofa sai ta zaure. Dole ta nan na fito. Duk mazan nan kowa ya ɗaga kai yana nazarin azara. Sarkin Tsaga da kansa ya buga hatimi ya miƙo mini takarda fuskarsa na kallon bango. Ashe ya fi ni kunya, tebur ne kawai yake ba shi ƙarfin hali.

Ban tsaya ba sai Badarawa. A ƙofar gidan Malama Aishatu na buɗe takardar in gani kafin in miƙa. An rubuta da kyakkyawan hannu: an ga lamba a damtsen hagu.

Ban koma neman gyara ba. Hukuma ta ce a damtse take, wace ce ni da zan ja?