Sharar da Na Yi wa Kwamfutar Alhaji Mani

Ba zan taɓa mantawa ba da wata ranar kasuwar Jibiya, ranar da tsafta ta kusa raba ni da aikina. Wata biyu ke nan da Alhaji Mani, mai fataucin hatsi zuwa Maraɗi, ya ɗauke ni in riƙa kula da kwamfutar ofishinsa. Da ita ake cike takardun kaya a intanet kafin mota ta tsallaka iyaka. Iyakar ilimina kwas ɗin wata shida ne a Katsina, amma tunda Alhaji ya fara kirana Injiniya, ni ma ban yi musu ba (har zaman hulata ya canza).

Da safe kwamfutar ta yi ƙorafin wuri ya kusa cika. Na shiga leƙe-leƙe, sai na ci karo da tarin ƙananan fayiloli masu sunaye marasa kan gado. Na danna wannan bai buɗe ba, na danna wancan shiru. Ni kuwa a tsarina, duk abin da ba ya buɗewa shara ne. Baiwar Allah kwamfutar ta tambaye ni ko na tabbata, ta nemi kalmar sirri, na ba ta da gadara. Na ma je har rumfa na shaida wa Alhaji gaban baƙinsa cewa yau na yi wa na'urarsa wankan tsarki.

Bayan azahar motocin gero uku suka jeru a ƙofa, direbobi suka cika ofis suna jiran takarda. Shafin ya ƙi buɗewa. Na ce sabis ne, kowa ya ɗaga wayarsa tana aiki lafiya lau. Na ce bari in sabunta kwamfutar, nan ma ta ƙi. In aka tashi a iyaka motocin nan ba su wuce ba, na san Injiniya ya gama yawo.

Sai wani direba ɗan Maraɗi, Isufu, wanda ko gaisuwarsa da kyar nake amsawa, ya matso.

“Injiniya, rezo hwa, sabis ɗin nan naku, lahiya yake. Mi ka taɓa?”

“Shara kawai na yi,” na ce a hankali.

Ya duba, ya kama baki. “Wanga ba shara ba ne, malam. Kayan tarayya ne, kamar sikelin kasuwa, kowace manhaja da su take aiki. Ka ga buhunan Alhaji? Ba a rubuta suna da adireshi duka bisa kowane buhu, 'yar alama ake yi, can Maraɗi an san ta. To kowane saƙo da ke hita na'ura yana da kai mai ɗauke da bayaninshi. Wanda ka goge shi ke taƙaita kan, don saƙo ya tahi da sauri.”

“To a sabunta ta mana, su dawo,” na ce, don dai a ji ni ma na san wani abu.

“Mai sauko da sabuntawar ma da su yake aiki. Ka haɗa da shi.”

Alhaji, da ban san ya shigo ba, ya ce, “Wato Injiniya, wankan da ka ba ni labari ke nan?” Direbobi suka kece da dariya, wani har da riƙe bango. Wallahi na ji kunyar da ban taɓa ji ba.

Ashe Isufu ya daɗe yana aiki a shagon intanet a Maraɗi kafin ya kama tuƙi. Ya ciro wata 'yar filas ta ajiye fayiloli daga cikin makullan motarsa (shi kile yake ce mata), ya mayar da fayilolin ina tsaye ina riƙe masa kujera kamar za ta gudu. Kafin la'asar motoci suka wuce.

Alhaji bai kore ni ba, har yau ina nan, kuma duk zuwan Isufu ni nake sayo masa shayi ya ƙara mini karatu. Sai dai washegari na tarar da sabuwar tsintsiya a kan teburina. Alhaji ya ce, “Duk ranar da sharar ta motsa maka, ga ta nan.”

Tun daga ranar, abin da ban san aikinsa ba sai in gaishe shi in wuce. Ofishinmu kuwa, duk layin babu mai tsaftarsa.