Maestro Oreste da Jakin Amurka

Duk unguwarmu ta Garbatella, kai duk birnin Roma, babu mai ilimin maƙwabcina Maestro Oreste Bonfiglio. Ko gemunsa tunani yake yi. Fim ɗin da ya shirya guda ne: wani mutum yana kallon bango har a tashi. Mu jahilai muka yi barci a sinima, ya ce ai manufar ke nan. Tun ranar muke kiransa Sarkin Bango.

Abin da ya tsana a duniya shi ne fim ɗin kaboyi, musamman na wani Ted Bronwell, wanda muke cika sinima dominsa. Kullum a shagon gahawar Nunzia sai ya ɗaga yatsa: "Wannan jakin Amurka! Dawakai da bindiga, abincin talakawa! Ni da ruhi nake magana."

To amma ruhi ba ya dafa taliya. A nan, mai yin fim ɗin kaboyi sunan Amurkawa yake ara don kaya su shiga kasuwa. Matar Maestro kuwa a igiyarmu take shanya rigunansa, duk jan fenti da kashin doki. Ranar da muka gano shi ne Bronwell, ya tara mu yana hawaye, ya sa kowa ya rantse da kabarin uwarsa ba zai faɗa ba. Burinsa ɗaya, masanan Paris su kira shi su karrama shi.

Sai ga wata 'yar jarida daga Paris a shagon Nunzia, tana tambayar Bronwell. Maestro ya gyara mayafin wuya, ya zauna gabanta, ya yi wa jakin Amurka wankin babban bargo har gahawarta ta huce.

Ta ce, "Kaico. Mu a Paris mun gano babu gwani irinsa. Gayyata na kawo masa, za a karrama shi."

Gemu ya daina tunani. Maestro ya miƙe: "Ni ne! Ni ne Bronwell!"

Ta yi dariya, ta dube mu. "Da gaske?"

Nunzia ta ci gaba da goge kofi. "Wa? Sarkin Bango? 'Yar nan, wannan ko kaza bai taɓa harbi ba."

"Gennaro, ɗan'uwana," ya kamo hannuna, "faɗa mata!"

Na ce, "Maestro, uwata tana kwance lafiya a kabarinta. Kada ka tashe ta."