Rasuwar Mai Raki, Allurar Man Motar Baba

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, da kuma tsoron abin da zai biyo baya, Auta 'yar gidan tsohon direba take sanar da 'yan'uwa na kusa da na nesa rasuwar Mai Raki, allurar gejin man motar Baba. Saura ƙiris wannan sanarwa ba ta fito ba. Sau uku Auta tana fara rubutawa tana yage takardar, domin ita ba mai magana a gaban mutane ba ce, kuma babu yadda za a bayyana rasuwar ba tare da an faɗi wanda ya miƙa makulli ba. Abin da ya sa ta daure shi ne, ranar Asabar mai zuwa yayyenta maza biyu za su zauna a falo su karɓe makullin mota daga hannun Baba, wai tsufa ya fara taɓa masa kai. Ba tsufa ba ne. Mutuwa aka yi a cikin motar nan, aka ɓoye masa.

Marigayiyar ta shigo gidan nan shekara goma sha tara da suka wuce, a gaban wata 'yar ƙaramar mota mai ƙofa huɗu, wadda Baba ya saya bayan ya ajiye tuƙin motar kamfanin burodi. Mazauninta bai fi bakin kofin shayi ba: gilashi zagayayye, farar fuska, layi huɗu, sai ja a ƙarshen hagu. Aikinta ɗaya ne a duniya, ta faɗi yawan man da ke cikin tanki. Ba ta taɓa faɗin gaskiya ba ko sau ɗaya.

Amma a yi mata adalci, ƙaryarta ba ta canzawa. Tankin motar lita talatin da biyar yake ci. In an cika shi har baki, sai ta tsaya ƙasa da layin ƙarshe kamar mai jin kunyar a ce ta ƙoshi. In ta ce rabi, akwai fiye da rabi. In kuwa ta kwanta a kan ja tana rawar jiki, tana bugun ɗan ƙarfen da ya tare ta, kyat, kyat, kyat, to akwai sauran lita tara cur a cikin tanki. Baba da kansa ya tabbatar da haka tun shekarar farko, ya zuƙe man da tiyo a cikin bokiti ya auna, har sau biyu. Daga ranar ya sa mata suna Mai Raki. In ta fara kyat-kyat ɗinta sai ya ƙwanƙwasa gilashin da farce ya ce, "Na ji, Hajiya, na ji. Ba za ki mutu yau ba."

Ta kasance mai yawan tsoro, tsoron nata kuwa ya amfani mutane. Duk wanda ya ari motar, yana ganin ja sai ya garzaya gidan mai, shi ya sa ba a taɓa dawo wa Baba da ita a bushe ba. A gabanta Yaya Babba ya koyi tuƙi, haka ma Yaya Ƙarami. Umma kan ce mutum biyu ne a gidan nan ba sa taɓa cewa sun ƙoshi, Mai Raki da Yaya Ƙarami, amma ita Mai Raki ko ba komai ba ta buɗe tukunyar mutane.

Shekara biyun ƙarshe na rayuwarta a hanyar asibiti ta yi su. Tun da ƙodar Umma ta daina aiki, duk Talata da Juma'a sai an kai ta wankin ƙoda a wani asibiti mai nisan kilomita sittin. Na'urar wankin, layi ake bi. Wanda ya makara sai a ba wani layinsa, ruwan da ke taruwa a jiki kuma ba ya jiran kowa, daga ƙafa yake tasowa har ya kai ƙirji. Baba ne a sitiyari, Umma a gefensa an kwantar mata da kujera, Auta a baya riƙe da bargo da fulas da takardun likita. Da an wuce gidan mai na ƙarshe a bakin gari babu gida babu rumfa, sai wurin fasa dutse da wata doguwar gada. Idon Auta kullum yana kan allurar ta saman kafaɗar Baba. Ta san zancen lita tara kamar yadda kowa ya sani, amma duk kyat ɗaya sai gabanta ya faɗi.

Marigayiyar ba ta yi jinya ba. Lafiyarta ƙalau aka ɗauke ta.

Akwai wani mai gyaran wayarin mota da yake neman auren Auta. Baba yana amsa gaisuwarsa, amma bai taɓa yarda ya buɗe masa ko bonet ba. Wata rana da yamma suna hira a ƙofar gida, Auta ta faɗa masa yadda allurar nan ke hana ta sakat a hanya.

"Wannan ai ba ciwo ba ne," in ji shi. "Aikin rabin awa. Akwai irinta sak a shagona, daga wata mota da aka fasa. Amma kada ki faɗa wa Baba. Bari ya gani da kansa, ya ce wane gwani ne ya taɓa masa mota."

"Zai yi faɗa."

"Ya yi faɗan minti biyar, ya yi yabon shekara biyar. Ke dai kawo makullin, sarauniyar matsorata."

Ranar Laraba Baba ya tafi aski da ƙafa. Auta ta sauko da makullin daga ƙusar bayan ƙofa, ta miƙa. Ko rabin awar ba a yi ba. Mai Wayarin ya kwance sukurori huɗu, ya zare wayoyi biyu, ya fito da Mai Raki ya sa wata a gurbinta, fuska ɗaya, layi ɗaya, ja ɗaya. Ya miƙo tsohuwar yana dariya. "Ga kakarku, a yi mata ritaya." Auta ta saka ta a gwangwanin maɓallai, ta tura ƙarƙashin keken ɗinkinta. Wannan ita ce ranar rasuwar, wajen ƙarfe sha ɗaya na safe.

Da Baba ya kunna mota washegari, sabuwar allurar ta miƙe har rabi, inda tsohuwar ta kwana a kwata. Sai ya ɗauka ɗaya daga cikin yaransa ne ya zuba mai bai faɗa ba. Ya kira Yaya Ƙarami a waya ya yi ta sa masa albarka, shi kuma ya yi ta cewa amin bai tambayi dalili ba. Aka je wankin Juma'a aka dawo lafiya. Aka yi zirga-zirgar cikin gari. Litinin da yamma allurar ta sauka a kan ja, ta kwanta, ba motsi ba ƙara.

"Yau Hajiya ta yi shiru," in ji Baba. "Ko ta fara koyon haƙuri da tsufa?"

Auta tana tsaye da butar shayi. Ta ce, "Wataƙila."

Talata da safe aka ɗauki hanya. Umma ta tashi da ƙafafu a kumbure, takalminta ma bai shiga ba. Da suka doshi gidan mai na ƙarshe, Auta ta ga ja, ta tuna cewa wannan jan ba irin na da ba ne.

"Baba, mai..."

"Rabu da ita, raki ne. Akwai tara a ƙarƙashi. Mu kai uwarki tukuna, ma sha a can."

Magana ɗaya ta rage. Ta zo har kan harshenta. Ta kalli ƙeyar Baba da sabon askinsa, ta tuna ƙusar bayan ƙofa, ta ce a ranta ƙila man ya kai su. Gidan mai ya wuce ta taga.

Sun wuce wurin fasa dutse da kaɗan motar ta yi tari. Ta ja, ta sake, ta sake ja, sai inji ya ɗauke. Baba ya gangara da ita gefen titi. Ya ƙwanƙwasa gilashin da farce, allurar ba ta amsa ba. Ya buɗe bonet ya duba batir, ya duba fulogi, ya duba kowace waya, ya duba komai ban da mai, domin shekara goma sha tara sun gaya masa akwai mai. Rana ta ɗaga, babu inuwa, waya babu sabis. Numfashin Umma ya fara fita da wani irin sauti kamar ana jan ruwa da tsinke a ƙasan kofi. Sai da aka yi fiye da rabin awa sannan Baba ya buɗe murfin tanki, ya kara kunnensa, ya girgiza motar da kafaɗa. Bai ji komai ba. Ya ɗago ya tsaya yana kallon hannayensa.

Wata tifa mai ɗauke da tsakuwa ce ta tsaya. Direban da Baba suka ɗaga Umma zuwa gaba, Auta ta hau ta riƙe ta. Sun isa an riga an ba wani layinta. Kafin na'ura ta samu da yamma sai da aka sa mata robar iska a hanci, kuma har yau tana can a gado na shida. Baba ya zauna gefen titi wajen motarsa awa huɗu, kafin Yaya Babba ya zo da igiya ya ja su gida.

"Baba, tun yaushe ta yi ja?" in ji Yaya Babba a tsakar gida.

"Litinin da yamma."

"Ka tabbata? Ba tun Asabar ba? Lita taran nan ka cinye su a cikin gari ka manta, Baba. Yau Umma ce, gobe fa?"

Baba ya shiga ƙirga kwanakin da yatsunsa. Mutumin da ko agogo ba ya yi masa gardama.

Tun daga ranar Baba yake gwada kansa. Yana tambayar Auta yau wace rana ce, alhali ya sani, don ya ji ko amsarsu za ta zo ɗaya. Yana kulle ƙofa ya dawo ya taɓa ta sau uku. Jiya da hantsi ta same shi a baranda yana karanto lambobin duk motocin burodin da ya taɓa tuƙawa, ɗaya bayan ɗaya, a hankali. Ya kai ta biyar ya tsaya. Ya daɗe bai samo ta ba. Fuskarsa a lokacin ita ce ta sa aka rubuta wannan sanarwa.

Shi kuwa Mai Wayarin, da Auta ta kira shi cewa ya yi, "Ni gyara na yi, ba ɓarna ba. Ki bari hankali ya kwanta tukuna." Bai sake biyowa ta layin ba.

Marigayiyar ta rasu ta bar Baba, wanda shi kaɗai ya iya yarenta. Ta bar Umma a asibiti. Ta bar yayye biyu da suka riga suka fara tambayar wanda zai sayi ƙaramar mota. Ta bar motar a ƙarƙashin bishiya da tanki a bushe, da sabuwar allura a gabanta, wadda ba ta da laifin komai sai faɗin gaskiya ga mutumin da ba a sanar da shi an fara gaskiya ba. Ta kuma bar Auta. Ba a roƙa wa ƙarfe gafara, saboda haka masu addu'a su yi wa rayayyu.

Za a fito da gawar daga gwangwanin maɓallai ranar Asabar da ƙarfe huɗu na yamma, a falon gida, kafin kowa ya yi maganar makulli. Za a ajiye ta a kan tebur inda kowa zai gani. Ana gayyatar Yaya Babba da Yaya Ƙarami, ana kuma gayyatar Mai Wayarin da sukundirebansa. In bai zo ba, ba za a jira shi ba. Ba za a jefar da ita ba, ba za a mayar da ita gurbinta ba, sai abin da Baba ya ce. Ba a buƙatar kujeru, domin zaman ba zai yi daɗi ba.

Ƙari. An rubuta abin da ke sama ranar Alhamis. Washegari da safe Auta ta shiga ɗakin Baba da shayi, ta ga ya riga ya sauke makullin daga ƙusa da hannunsa, ya sa a ambulan, ya rubuta sunan Yaya Babba a kai. Ta ajiye kofin, ta koma ɗakinta ta ɗauko gwangwanin, ta zazzage shi a kan tabarmarsa. Maɓallai suka watse. Mai Raki ta faɗo a tsakiyarsu.

Baba ya ɗauka ya juya ta.

"Wa ya cire?"

Ta faɗa.

"Wa ya ba shi makulli?"

"Ni ce, Baba."

"Tun yaushe?"

"Tun Larabar waccan, ranar da ka je aski."

"Kwana uku ina tambayarki wace rana ce, kina ba ni amsa kina kawo mini shayi."

Auta ba ta ɗago ba. Ta ji ƙarar yage takarda, ta ga makullin ya shiga aljihunsa. Bai ce ya yafe ba, bai kuma ɗaga murya ba, da ma ɗagawar ya yi. Ya fita ya dawo da jarkar mai ya ajiye a gabanta.

"Lita biyar. Ki tsaya ki ga an zuba da idonki. In kin dawo za mu asibiti, ki maimaita wa uwarki abin da kika faɗa mini, da bakinki, ba a takarda ba."

Auta ta tsince maɓallan, ta yafa mayafi, ta ɗauki jarkar ta nufi gidan mai da ƙafa.