Salular Halimat Ta Mutu a Kan Ashirin da Biyar

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, da kuma haushin da har yau bai huce ba, Halimat 'yar Malam Hamadou na Tasawa, mai sayar da zoɓo da ƙanƙara a Akébé, tana sanar da 'yan uwa da abokan arziki na Libreville da na gida rasuwar wayarta ta salula. Marigayiyar ta cika ranar Talata da hantsi, bayan an ciro ta daga cikin firiza, tana da shekara shida a hannun mai ita. Ba tsufa ne ya kashe ta ba, ba kuma ɓarawo ne ya sure ta a kasuwa ba. Maigidan Halimat ne ya yi ajalinta, wato Ikirama direban taksi, a wajen neman lambobin da za su haɗu su ba da ashirin da biyar.

Waɗanda suka san marigayiyar sun shaida ba ta da girman kai. Baƙa ce, 'yar madaidaiciya, kusurwarta ɗaya a fashe tun ranar da ta faɗi a kasuwar Mont-Bouët, amma ta ci gaba da aikinta kamar babu abin da ya same ta. Tana riƙe caji kwana biyu. Ruwan saman garin nan, wanda ba ya sallama kafin ya sauko, ya dake ta ya fi sau goma, a goge ta da bakin zane ta miƙe. In wuta ta ɗauke ita ce fitilar ɗaki. In kira ya shigo sai ta yi "ƙiriri, ƙiriri" a hankali, kamar mai jin kunyar ta da mutane, in saƙo ne kuma "ɗin" ɗaya kawai, ba ta maimaitawa.

Amma babbar amanar da ta riƙe ita ce muryar Iya Aminatou, mahaifiyar Halimat. Iya ba ta iya rubutu ba, don haka magana take aikowa daga Tasawa, kuma kowane saƙo da abu ɗaya take fara shi: "Halima, kina ji na? Abin nan yana ɗauka?" Akwai saƙon da take koya wa Halimat dambun zogale tana kuskuren awo tana gyarawa. Akwai na faɗa, akwai na addu'a, akwai wanda zakara ya hana ta magana har ta zage shi. Sun haura ɗari. Da Iya ta rasu bara waccan, takardar zaman Halimat ba ta fito ba, ba ta samu zuwa gida ba. Tun daga lokacin, duk Juma'a bayan la'asar takan jingina salular a jikin bokiti, ta kunna saƙo ɗaya, tana ƙulla zoɓo tana amsa wa Iya kamar tana zaune a gabanta.

Ciwon ajali ya fara ne makon da taksin Ikirama ya kwanta a gareji a Oloumi ana jiran wani ƙarfe. Namiji ya rasa abin yi. Sai Zakiru, wani Bakano mai shago a unguwar London, ya kawo wa majalisarsu wani wasa na intanet. Shafi ne kawai da ɗan akwati, ana cewa ka ƙirƙiri kalmar sirri. Ka cika sharaɗi ɗaya ya yi kore, sai wani ya fito ja. A sa babban baƙi, a sa lamba, a sa alama, haka dai. Kalmar ba ta buɗe komai, babu kuma ko biskit da ake ba wanda ya gama. Makulli ne ake ta wahalar sassaƙawa alhali babu ƙofar. Zakiru ya ce duk majalisar babu mai ƙwaƙwalwar wuce sharaɗi goma, Ikirama kuwa, wanda bai taɓa barin kowa ya manta ya yi lakwal, wato makarantar boko, har ya ci jarrabawa ba, ya buga ƙirji. Tasa wayar mai maɓallai ce, ba ta shiga intanet.

"Maman Nuriyya, ara mini salularki minti biyar," in ji shi.

Ta ara masa. Wannan ne kuskuren da ta amsa nata ne a duk lamarin.

Sharuɗɗa huɗun farko ya wuce su yana murmushi. Na biyar ya ce dole lambobin da ke cikin kalmar su haɗu su ba da ashirin da biyar. Ikirama ya rubuta 25. Abu ya tsaya ja. Ya goge ya sa 20 da 5. Ja. Ya sa 12 da 13, ya sa 10 da 15, duk ja. Ya ce shafin ya lalace. Ya ce wanda ya ƙera wasan bai san lissafi ba. Ya ɗauko biro da bayan kwalin sukari ya cika shi da alƙaluma, ya juya ya cika ɗaya gefen. Yini biyu cur mai takardar lakwal yana zaune a kan benci a ƙofar ɗaki, gumi na ɗiga a kan fuskar marigayiyar, ita kuwa tana haƙuri.

A rana ta uku Halimat ta zo wucewa da bokiti, ta leƙa ta kafaɗarsa, ta sa ya karanta mata abin da aka ce. Ba ta ko ajiye bokitin ba.

"Baban Nuriyya, ai ba ashirin da biyar kake ba shi ba. Biyu da biyar kake ba shi, bakwai ke nan. Kowace lamba ita kaɗai yake ƙirga ta. Sa tara, tara, bakwai."

"Ke da kika tsaya a aji uku za ki koya mini lissafi? Je ki ga zoɓonki."

Ta tafi ga zoɓonta. Ba ta kai ga sauke tukunya ba ta jiyo shi ta taga yana tafi shi kaɗai. Da yamma ya je majalisa ya bayyana wa jama'a cewa sai da ya yi zurfin tunani kafin asirin ya buɗe masa, wai kowace lamba ita kaɗai ake ƙirga ta.

Da a nan abin ya tsaya, da yau ba a rubuta wannan sanarwa ba. Amma wasan yana da mugunta irin ta wanda bai da aikin yi. Can gaba ya ce a sa shekarar da Fabrairu ke yin kwana ashirin da tara. Ikirama ya tambayi Zakiru a ɓoye, ya sa 2024. Nan take sharaɗi na biyar, wanda aka yi bikinsa a majalisa, ya koma ja, saboda an ƙara masa takwas. Sai ga shi a bakin madafa yana sosa ƙeya.

"Wai da a ce mutum yana da takwas, saura nawa ya kai ashirin da biyar?"

"Sha bakwai. Tara da takwas," in ji Halimat.

"Na sani. Gwada ki nake."

Haka aka yi ta gwada ta. Aka ce ya kwafi wasu karkatattun baƙaƙe masu huɗu da bakwai a ciki, lissafi ya sake rushewa, ya sake zuwa gwaji, ta ce masa ya cire tara da takwas ya sa shida. Duk sabon sharaɗi sai ya zo da lambarsa ya ture na baya, duk turewa kuma sai mai aji uku ta ɗaga abin da mai takarda ya kasa.

A nan ne jikin marigayiyar ya fara nunawa. Ikirama ya gano cewa in aka rufe shafin komai zai koma farko, don haka ya hana a taɓa ta. Ya ɗaure ta a jikin caja safe da rana. Masu biki sun kira har sau uku suna neman ƙanƙara, ya katse kiran da babban yatsa kamar mai korar ƙuda. Juma'a ta zo ta wuce, Halimat ta ƙulla zoɓonta shiru, babu Iya. Bayan salular ya fara kumbura, murfin ya ɗaga, in ka taɓa ta kamar ka taɓa gindin tukunya. Muryarta ta dishe, "ƙiriri" ɗin ya koma gurnani.

Ranar Lahadi Halimat ta tsaya a gabansa.

"Baban Nuriyya, don girman Allah ba ni ita in kai wa Salissou mai gyara a Oloumi. Ko ba komai ya kwashe mini muryar Iya ya sa a kati. Dubi yadda ta kumbura."

"Saura kaɗan in gama. Muryar ai ba gudu za ta yi ba."

Ranar Talata da safe ta tafi kasuwa sayen zoɓo da citta da leda. Tana fita salular ta fitar da gargaɗi cewa zafi ya yi mata yawa, za ta kashe kanta. Hankalin Ikirama ya tashi, ba don ita ba, don shafin. Sai dabara ta zo wa mai zurfin tunani. Ya buɗe firizar matarsa, ya kwantar da marar lafiya a kan ƙullin zoɓon da aka zuba da asuba bai daskare ba, ya ɗora mata wani ƙullin a ka don sanyin ya fi ratsa ta, ya rufe. Ya fita bakin titi ya kira Zakiru da 'yar wayarsa yana ba shi labarin inda ya kai. Fasasshiyar kusurwar nan ta huda leda.

Halimat ce ta same ta. Ta buɗe firiza za ta sa kaya, ta ga baƙin abu kwance cikin jan ruwa. Ta ciro ta, zoɓo na zuba ta ramin caja. Marigayiyar ta yi "zzz" sau biyu a tafin hannunta, fuskarta ta yi layi-layi kore, sannan ta yi duhu. Ikirama ya shigo da gudu, ya dubi gawar, ya ɗora hannu biyu a ka. Ga abin da ya fara fitowa daga bakinsa, kuma maƙwabta biyu sun ji:

"Sharaɗi na goma sha shida nake, Maman Nuriyya! Na goma sha shida!"

An garzaya da ita Oloumi. Salissou mai gyara ya kwance ta a kan teburinsa, ƙamshin citta da kanumfari ya cika rumfar. Ya wanke, ya busar, ya duba da gilashinsa, ya gwada sabon batir. Sannan ya ɗago.

"Yaya Halimat, zoɓo ya haɗa wuta a ciki, abin da ke riƙe ajiya ya ƙone. Muryoyin a kan kati suke?"

"Ba ta da kati."

"An taɓa ajiye miki su a intanet?"

Ba ta san ana yi ba. Babu wanda ya taɓa gaya mata, har da mai takardar lakwal ɗin da ke tsaye a bayanta. Wayar Iya kuwa tun bayan sadakar arba'in aka ba wani ɗan uwa, ya goge komai ya sa waƙoƙi. Salissou ya ce ta yi haƙuri. Ikirama ya gyara murya ya tambaya ko shi shafin da ke buɗe ana iya dawo da shi inda ya tsaya. Salissou ya dube shi tun daga hula har silifa, ya tattara 'yan kusoshin a murfin kwalba ya miƙa wa Halimat. Ba ta yi kuka a rumfar ba. Sai da suka shiga taksi-bas, wata mata 'yar Gabon da ke kusa da ita ta kunna saƙon murya ta kara a kunne tana dariya, sannan Halimat ta ja mayafi ta rufe fuska har Akébé.

Marigayiyar ta bar caja ɗaya mai lanƙwasasshen wuya da aka naɗe da salatif, da rigar roba mai zanen fure wadda yanzu ba ta da mai sawa, da abin sa wa kunne mai ji ta gefe guda. Layinta ya tsira, yana cikin wayar maƙwabciya. Ta kuma bar wanda ya yi sanadinta cikin ƙoshin lafiya, yana cin abinci sau uku, yana gaya wa duk wanda ya tsaya cewa dama batirin ya tsufa.

Halimat ta kira ƙanwarta Oumou a Tasawa ta faɗa mata. Oumou ta kwashe yini tana tonon tsofaffin saƙonni, ta samo guda ɗaya tak, na daƙiƙa goma sha ɗaya, wanda Iya ta aika mata bisa kuskure. Ba gaisuwa a ciki, ba addu'a. Iya ce kawai take cewa: "Oumou, ta ina ake kashe abin nan? Ke, kore mini akuyar can, za ta ci mini gero." Halimat ta saurare shi sau ɗaya a wayar maƙwabciya, ta ce a adana mata shi a wuri uku.

Ga yadda aka tsara jana'iza. Ba za a yi wa marigayiyar wanka ba, ta sha ruwan da ya ishe ta. Ba a yi wa ƙarfe salla, ba a roƙa masa gafara, don haka duk addu'ar da aka kawo ta Iya Aminatou ce. Salissou ya cire kumburarren batirin ya ce kada a binne shi a ƙasa, zai san inda zai kai shi. Sauran jikin za a naɗe shi a farin ƙyalle a sa a ƙasan akwatin Halimat, ita kaɗai za ta yi wannan, ba ta neman rakiya.

Za a zauna karɓar gaisuwa ranar Juma'a bayan la'asar a gidan da ke bayan mai faci a Akébé. Za a kunna saƙon akuya sau ɗaya, ana roƙon a yi shiru. Duk mutumin Tasawa, na nan ko na gida, da Iya ta taɓa aika wa magana, ko da zagi ne, ko da tari ne, ya taimaka ya duba wayarsa ya turo wa Oumou.

Masu son yi wa Ikirama ta'aziyyar sharaɗinsa za su same shi a waje, bakin ƙofa, shi aka ba aikin jera takalman baƙi. A gaishe shi daga tsaye a wuce. In ya ce a ba shi waya ya duba lokaci, a gaya masa lokacin da baki.