Bidiyon Janar Ubale

"Daga Bebeji har Doguwa, duk mai yatsu goma ya fito! In aka samu wanda ya zura min ƙwallo ɗaya tak a gem, wallahi na daina cin tuwo da hannun dama!"

Ubale ke nan, mutumin Dangora, wanda ya naɗa wa kansa muƙamin Janar alhali ko ƙofar bariki bai taɓa gani ba. Da sanyin safiya ya yi wannan kurin a teburin mai shayi, yana kaɗa guntun burodi kamar sandar girma.

Ɗan'uwa, ni na san shi ciki da bai, benci ɗaya muka zauna a firamare. Gaskiyar magana, gem ɗin ƙwallo na cikin waya kaɗai yake ci, shi ma sai ya mai da shi matakin jarirai, inda gola ke matsa wa ƙwallo gefe ta wuce saboda ladabi. Amma in ka ji shi yana bayani, sai ka rantse Turawan da suka ƙera gem ɗin shi suke buga wa waya neman shawara.

Ana nan sai Mas'ud, mai gidan gem a Tudun Wada, ya sa gasa. Kowa ya ɗauki bidiyon wasansa ya tura guruf ɗin WhatsApp na gasar kafin yammacin ranar kasuwa. Wanda ya fi burge mutane, kyautarsa sabuwar waya ce dal a kwali.

Janar bai tsaya wata-wata ba, ya zarce zance wurin Zahra'u, budurwarsa da ake shirin sa musu rana.

"Wannan tsohuwar wayar taki mai ɗaurin kyauro, ki ba akuya ta yi wasa da ita. Sabuwa na nan tafe."

Zahra'u ta ce, "To Allah ya sa. Amma dai zan riƙe tawa tukuna."

"Tantama kike? Ni ne fa!"

"Ai shi ya sa."

Ya shigar da lambarta cikin guruf ɗin da hannunsa, wai don ta shaida tarihi da idonta.

Ɗauka ta farko, a wayarsa ya yi. Ya zauna gindin darbejiyar ƙofar gidansu, ya danna abin ɗaukar fuskar waya, ya shiga narka wa jariran nan ƙwallaye yana yi wa kansa kirari. Ci tara ba ko ɗaya. Gamawa ke da wuya ya cilla bidiyon guruf, bai ko kalla ba. Gwani kuma sai ya tsaya duba aikinsa?

Abin da bai lura da shi ba, duk saƙon da ya faɗo wayar a lokacin ya shiga bidiyon ɓaro-ɓaro. Ana tsakiyar ci na uku sai ga saƙon ƙanwarsa Humaira a saman fuskar wayar: "Yaya, Inna ta ce ka zo ka kwashe wandonka da ka jiƙa a bokiti tun Talata, warinsa ya hana kaji sakewa." A ci na shida wani ya biyo baya: "Ta ce in ka bari ta fito da kanta, da muciya za ta fito."

Mutum ɗari uku da wani abu ne a guruf ɗin. Babu wanda ya yi maganar ƙwallayen nan tara. Wani ya rubuta, "Janar, yaya jikin wando?" Wani daga Kiru ya ce, "A kai wa kaji agajin gaggawa." Mas'ud kuma ya ƙara da cewa matakin jarirai ba ya cikin gasa.

Na same shi ya haɗa gumi, na ce, "Ubale, ka haƙura mana."

"Haƙuri? Kai ba ka san harkar ba. Waya ai kayan 'yan koyo ce. Manya da kwamfuta muke aiki."

Ya aro laftof ɗin wani malamin makaranta, ya ce min in zo in koyi ilimi kyauta. Manhajar ɗaukar bidiyon ta fito da zaɓi biyu da Turanci. Na ce ya bari mu tambayi mai ita.

"In tambayi wa? Ni da Turanci ai sai dai a raba mu."

Ya danna na ƙasa. Minti arba'in yana fafatawa, yana cije leɓe, yana huci. Wannan karon ma tura shi ya yi da zafinsa, wai don kada maƙiya su ce an yi gyara.

Ashe kyamarar gaban laftof ɗin ya kunna. Babu fili, babu ƙwallo, babu raga. Minti arba'in na hancin Ubale daga ƙasa, ƙofofi biyu suna buɗewa suna rufewa kamar zugazugin maƙera, harshe ya leƙo ta gefen baki, can kuma ya saki wasan ya sosa hammata ya shinshina. Kafin azahar an canza masa suna zuwa Janar Hanci. Har masu acaɓa a tashar Kiru in sun hango shi sai su toshe nasu hancin su sara masa.

Zahra'u ta turo masa saƙo ɗaya: "Na gani." Shi ke nan. Wannan kalma ta fi muciyar Inna zafi.

Ranar kasuwa ta zo, ranar ƙarshe. Ya ja ni muka hau mota zuwa Tudun Wada, ya sha sabuwar shadda har da baƙin gilashi. Muna shiga gidan gem ɗin ya daki tebur.

"Mas'ud! Na'urorin ƙauye ne suka ci amanata. Yau a babban gem ɗinka na talabijin zan buga, kai za ka ɗauka."

Mas'ud, mutum ne mai sanyin magana, ya ce, "Ba damuwa, Janar. Ga ɗan akwatin ɗauka nan a jone, ga kyamara, ba abin da za ka taɓa. In ɗauka a ajiye, ko in sa kai tsaye mutane su kalla?"

"Kai tsaye! Ka tura musu, kowa ya bar abin da yake."

"To amma da mutum za ka kara. Zaɓi ɗaya."

Ubale ya dubi samarin da suka cika ɗakin, kowa yatsunsa sun yi kanta. Ya ce wannan ya yi yaro, wancan kuma idonsa bai yi masa ba. Can sai ya hango wani dattijon makiyayi zaune a bakin ƙofa, da malfa da sanda da goran ruwa a kafaɗa, yana jiran wayarsa ta cika caji. Baffa Idris sunansa, daga rugar gefen Falgore ya kawo raguna kasuwa.

Ubale ya raɗa min, "Ka ga nama."

Ya je ya rusuna. "Baffa, barka da hutawa. Ya shanu? Taso ka zauna a kujerar nan, yau za ka ga gwanin ƙananan hukumomi huɗu."

Baffa ya ce, "Jam, lafiya lau, ɗana. Gwani? To madalla, ina son ganin gwani."

Ya jingine sandarsa ya zauna. Ubale ya miƙa masa fad, wato abin latse-latsen da ake riƙewa, yana koya masa da murya mai ƙarfi don 'yan kallo su ji. "Nan gudu, nan bugu. Kada ka ji tsoro, ba ya cizo."

Na ga samarin suna sunkuyar da kai, kafaɗunsu na rawa. Na matsa kusa da Mas'ud na ce lafiya? Ya raɗa min cewa shekara biyu ke nan Baffa yana zuwa duk ranar kasuwa. A daji ma, da ɗan solarsa a bayan jaka, shanu na kiwo shi yana buga gem a inuwa tun safe. Duk Tudun Wada babu mai yarda ya zauna da shi, an gaji da shan kunya.

Na buɗe baki zan yi magana, alƙalin wasa ya hura usur.

Minti biyu, ƙwallo a ragar Janar.

"Sa'a ce! Na bar masa ne don girmama furfura."

Ta biyu ta shiga ta tsakanin ƙafafun golansa.

"Mas'ud, fad ɗin nan yana da matsala!"

Aka musanya musu. Baffa ya karɓi mai matsalar ya zura uku da shi a jere, yana tauna goro, ko gyara zama bai yi ba. Ubale ya cire gilashi. Ya cire hula. Shadda ta jiƙe sharkaf ta manne a baya. Da ya ga abin ya ƙi, sai ya danna duk maɓallan lokaci guda, ɗan wasansa ya juya ya ɗirka ƙwallo a ragar kansu.

Baffa ya ce, "Useko, na gode, amma da ka bari, zan iya da kaina."

Mas'ud ya leƙa waya ya ce, "Janar, masu kallo sun kai ɗari bakwai. Ga wata Zahra'u ma ta yi rubutu. Ta ce a gaya maka ta sayi sabon kyauro."

"A kashe! A kashe abin nan!"

"Saura minti ɗaya, Janar. Tarihi ne fa."

Aka tashi sha ɗaya ba ko ɗaya. Ubale ya langaɓe a kujera, baki buɗe, kyamara na kansa.

Baffa Idris ya ajiye fad ɗin a hankali, ya miƙe yatsunsa suka yi ƙas-ƙas, ya dafa kafaɗarsa cike da tausayi.

"Sannu ɗana, ka dage, wata rana za ka iya. Na gode da ka taya ni ɗumama hannu." Ya waiga ƙofa, ya leƙa bayan samarin. "To ina gwanin da ka ce zan gani? Ko motarsa ba ta iso ba tukuna?"