Yadda Za Ka Gyara Wa 'Yarka Zanen Lambobinta Ba Tare Da Ta Sani Ba

Ɗan'uwa, idan 'yarka na ajin ƙarshe a jami'a, jibi za ta kare aikinta a gaban malamai, kai kuma tashin hankali ya hana ka zama, zo kusa. Shekara ashirin da biyu ina jera ƙusoshi a shagon kayan gini, kuma hanyar nan da kaina na gwada ta. Na yi maka alkawari, in ka bi ta, malaman nan ba za su taɓa manta 'yarka ba.

Mataki na 1: Gane aikin

Tawa, wadda muke kira Injiniya, injin ƙyanƙyasar ƙwai ta ƙera. Ta kuma rubuta manhaja mai auna zafin cikinsa kowace awa, tana zuba lambar a fayil. Kwana ashirin da ɗaya, lamba ɗari biyar da huɗu. Amma manhajar ba ta iya zane ba. Akwai wata daban da ake miƙa wa fayil ɗin, ita ke jan layi: lambar farko awar farko, ta biyu awa ta biyu, har ƙarshe. Mai zanen nan ba ta da musu, abin da ta tarar shi take zanawa. Wato tsakanin mai aunawa da mai zanawa akwai ƙofa a buɗe. Nan ne wurin uba.

Mataki na 2: Gyaɗa kai

In tana maka bayani, gyaɗa kai a hankali, ka ce "to, to." Kada ka yi tambaya. Ni na taɓa tambaya ko layin zai iya zama kore, ta dube ni ta ce, "Baba, je ka sha shayinka."

Mataki na 3: Jira ta fita

Za ta tafi makaranta neman sa hannun malaminta, ta bar kwamfuta a buɗe. Ka aika shago ka ce ba ka jin daɗi. Ba ƙarya ka yi ba. Buɗe fayil ɗin, za ka ga abin da zai ɗaga maka hankali: 37, 38, 37, sai 29 ranar da aka ɗauke wuta, sai 41, sai 37 kuma. Kamar buhun ƙusa ya fashe a tsakar shago. Yarinya ce, ba ta taɓa jera kaya a kantar shago ba. Wa zai nuna wa manya kaya a haka?

Mataki na 4: Jera su

Ƙarami a sama, babba a ƙasa, inci ɗaya kafin inci shida. Da yatsa ɗaya za ka yi: ka goge, ka sake rubutawa. Ni na fara da hantsi, na gama rana ta yi sanyi, idona na ruwa. Mamansu za ta leƙo ta ce, "Malam, me kake taɓa wa yarinyar nan?" Ka ce ƙura kake gogewa. Za ta ce, "Ƙurar awa shida?" Kada ka tanka. Masu ilimi ba sa amsa kowace magana.

Mataki na 5: Ɗaga darajar lambobin

Yanzu duba ƙarshen jerin. Arba'in da ɗaya! Na san zafi ne, ba maki ba. Amma malami mutum ne. In ya yini yana kallon 37 da 38, lokacin da ya ɗauki biro hannunsa can zai nufa. Saboda haka goge lambobi huɗu na ƙarshe, ka sa 60, 75, 90, 100. Uba ba ya barin 'yarsa ta tsaya a arba'in da ɗaya.

Mataki na 6: Hana ta dubawa

Da safiyar ranar za ta ba mai zanen umarni, hoton ya wuce kai tsaye cikin shafukan da za ta haska. Kafin ta buɗe ta gani, kai kana waje a kan babur kana ta danna oda. Ka yi ihu, "Injiniya, malamai ba sa jiran kowa!" Za ta rufe kwamfutar ta fito da takalmi ɗaya a hannu.

Mataki na 7: Zauna a baya ka sha kallo

Shafi na tara zai bayyana a bango. Wallahi ban taɓa ganin layi mai kyau irinsa ba. Ya taso a hankali kamar matakalar bene, ya miƙe, a ƙarshe ya harba sama har ya kusa fita daga allon. Ka ɗan tafa. Kai kaɗai za ka tafa.

Babban malamin, mai furfura, zai cire tabarau ya ce, "'Yata, ƙyanƙyasa muka ce ko dafawa?"

Na kusa da shi zai ce, "Ranka ya daɗe, da ta zo mana da gishiri."

'Yarka ba za ta yi dariya ba. Za ta kalli bangon. Shekara biyar na karatu, ga mai furfura ya ɗauki biro. Sai ta juyo a hankali, ta tsallake kawuna talatin, idonta ya sauka a kanka. Ta san mutum ɗaya ne a duniya yake jera har cokulan gida bisa tsawo.

Mataki na 8: Miƙe tsaye

Wannan matakin ba ya cikin shirina, ƙafafuna ne suka yanke shawara. Ka cire hula ka ce, "Ranku ya daɗe, injin lafiyarsa ƙalau. Ni ne na jera."

Mai furfura zai tambaye ka, "Duka ɗari biyar ɗin? Da hannu?" Ka ce da yatsa ɗaya. Zai daɗe yana kallonka, sannan ya ajiye biron. Mako biyu zai ba ta ta kawo lambobin gaskiya, in har na'urar da ke jikin injin ta adana su. Ta adana. Na tambaya sau bakwai.

Sanarwa

Marubucin nan ba shi da alhakin duk abin da ya biyo baya. Ba ruwana in an sa wa kwamfuta lambar sirri, ko kwamfutar ta koma kwana a ɗakin mamansu. Ba ruwana in maƙwabcinka mai walda ya fara kiranka Furofesa daga tsallaken titi. Ba ruwana in 'yarka ta gaishe ka da safe, cikin ladabi, idonta a kan bango.

Jibi Injiniya tawa za ta sake tsayawa gaban malaman. Na ce zan kai ta, ta ce za ta hau motar haya. Sai da ta kai bakin ƙofar ɗakinta ta tsaya, ba ta juyo ba, ta ce, "Baba, in za ka zo, ka zo. Amma hannuwanka su zauna a aljihu."

Tun jiya nake gwadawa. Akwai wuya.