Kakin Tanimu a Kan Danga

A wani daji da sata ta yi wa katutu, hukuma ta yi shela za ta ɗauki ɗan sanda, kuma bana cancanta za a bi, ba ɗan wane ba. Jarrabawar mai sauƙi ce. A ajiye maka ƙwaryar nama, ka tsare ta har azahar ba ka taɓa ba.

Tanimu, ɗan akuya Kulu, ya tsare tasa lafiya lau, aka ɗauke shi. Jatau, ɗan kura Ladingo, kafin hantsi ya gama da tasa har ya lashe ƙwaryar.

Shi Jatau ko a jikinsa, da ma barci ya fiye masa aikin. Uwarsa ce ta kasa haɗiye abin. Danga ɗaya ce ta raba gidanta da na Kulu, kuma a kanta Kulu take shanya kakin ɗanta kullum, ko bai yi datti ba. Hassada ta ci Ladingo har ta rame. Ganin kakin nan ya fi rashin aikin ɗanta yi mata ciwo. Sai ta kai ƙara gaban Alƙali Kunkuru.

Ta ce, "Allah gafarta Malam, ni ba baƙin ciki nake yi da kowa ba, Kulu 'yar'uwata ce. Gaskiya kawai nake nema. An ce yaron nan ya yi amana don bai ci nama ba. To, yaushe akuya ta taɓa cin nama? Ɗana an gwada shi da abin da ransa yake so, nata kuwa an gwada shi da abin da yake ƙyama. In cancanta ce, a sake lale."

Kulu ta miƙe, ta ce ba ɗanta ne ya zaɓi naman ba, kuma aikin nan ne kaɗai abin da gidansu ya dogara da shi. Alƙali ya gyaɗa kai a hankali, ya ce maganar mai ƙara akwai ƙamshin gaskiya. Tunda kuwa an yi jarrabawar farko da nama, adalci shi ne a yi ta biyu da harawa.

Aka ajiye wa kowa daminsa. Tanimu ya daure, ya kau da kai, ya rufe ido, ƙamshi yana ta shigarsa. Dab da azahar ya ɗan tsinki ganye ɗaya, a gaban shaidu. Jatau kuwa matashin kai ya yi da nasa damin, ya sha barcinsa, ya tashi mai amana.

Kotu ta sa aka tuɓe wa Tanimu kaki aka sanya wa Jatau. Ya matse shi, amma Ladingo ta ce ko don shi aka ɗinka sai haka.

Unguwar awaki aka tura Jatau aiki. Hukuma ta yaba masa ƙwarai, domin ƙararraki sun ragu a unguwar, su ma masu kawo ƙarar haka.